Me ake nufi da tagwayen ikweshan a lissafi?

A darasin aljabara, ikweshan magana ce da ke cewa abin da ke hagun alamar = daidai yake da na damanta. In aka ba ka x + y = 35 kawai, an bar ka a duhu: x na iya zama 1 y kuma 34, ko 20 da 15, amsoshin ba su ƙarewa. Sai an kawo ikweshan na biyu a kan x da y ɗin nan kafin a ritsa su. Biyun da ake warwarewa tare su ne tagwayen ikweshan, waɗanda ɗalibai ke ce wa simaltenos. Sharaɗin ɗaya ne: amsar ta dace da kowannensu a lokaci guda.

Ga wata tsohuwar wasa ƙwaƙwalwa ta ƙasar Sin. Tsuntsaye da zomaye suna keji ɗaya, kawuna 35, ƙafafu 94. A ce x adadin tsuntsaye ne, y na zomaye. Tsuntsu ƙafa 2 gare shi, zomo 4:

x + y = 35
2x + 4y = 94

A ninka na farko sau 2, ya koma 2x + 2y = 70. A cire shi daga na biyu. Sai 2x ya ɓace, a bar 2y = 24, wato zomaye 12. Tsuntsaye kuwa 23. A gwada: ƙafa 46 da 48, 94 cif.

Wannan ita ce hanyar kawarwa, kuma ni ita na fi so. Ana jingina ta ga Gauss, masanin lissafi Bajamushe, amma Sinawa sun riga shi da kusan shekara 1,800. Akwai kuma hanyar musanya: a rubuta x = 35 − y, a zuba shi cikin na biyu. Amsar ba ta canzawa.

Inda ɗalibai suka fi faɗuwa shi ne wajen ninkawar nan. Sai yaro ya ninka hagu ya manta da 35 ɗin da ke dama, daga nan komai ya rikice.

In an zana tagwayen ikweshan irin waɗannan a giraf, kowanne miƙaƙƙen layi ne, amsar kuma ita ce mahaɗarsu. Shi ya sa x + y = 5 da x + y = 7 ba su da amsa ko kaɗan: layukansu kafaɗa da kafaɗa suke tafiya, ba sa haɗuwa.