Sulhu a Kotu kan Rikicin Tambarin Kasuwanci

Sulhu kan tambarin kasuwanci shi ne 'yan kasuwa biyu da ke jayayya kan suna ko zane ko launin kunshin kaya su daidaita bayan an shigar da ƙara, sannan alƙali ya mayar da yarjejeniyarsu hukunci. A Katsina da Daura irin wannan rigima kan iya tasowa tsakanin masu ruwan leda da gidajen burodi da masu sarrafa shinkafa, inda wani zai buga leda ko buhu mai kama da na wanda ya riga shi karɓuwa a kasuwa.

Dokar tambarin kasuwanci ta Najeriya ta 1965 ce. Ana yin rajista a ofishin da ke ƙarƙashin Ma'aikatar Masana'antu, Kasuwanci da Zuba Jari ta Tarayya a Abuja. Rajistar farko shekara 7 take yi, daga nan a riƙa sabuntawa duk shekara 14. 'Yan kasuwa da yawa suna ɗauka rajistar sunan kamfani a hukumar rajistar kamfanoni (CAC) ko lambar hukumar kula da abinci da magunguna (NAFDAC) ta ishe su kare tambarinsu. Ba ta isa ba, kuma sau da yawa sai a ofishin lauya suke ganewa. Sashe na 251 na Tsarin Mulkin 1999 ya keɓe wa Babbar Kotun Tarayya shari'ar tambari, kuma tana da reshe a Katsina. Sashe na 17 na dokar kotun ya ba alƙali damar ƙarfafa sasantawa.

Yadda ake yi ba wuya: lauyoyi su nemi a ɗage zama, ɓangarorin su tattauna, wani lokaci da sa bakin shugabannin kasuwa ko dattawa, a rubuta sharuɗɗa, a sa hannu, a miƙa wa kotu.

A sharuɗɗan ne aikin yake. Wanda ake ƙara kan yarda ya sauya suna ko launi, a ba shi wa'adin ƙarar da kayan da ke hannun dillalai, a ƙona ragowar ledoji ko buhuna. Wani sa'in a raba yanki ko nau'in kaya, ko mai tambarin ya ba da izinin amfani da shi a kan kuɗi. Diyya kuwa akan rage ta ko a yafe. Kuskuren da ya fi cutarwa shi ne a rubuta "zai daina kwaikwayo" kawai, ba a haɗa da hoton sabon zanen ba, ba a faɗi ranar ƙarshe ba. Irin wannan takarda ita ke sake mayar da mutane kotu.

Bambancin sulhun kotu da sulhun zaure shi ne ƙarfin doka. Wanda ya saɓa za a iya tilasta masa, har a tuhume shi da raina kotu, kuma bisa sashe na 241 na Tsarin Mulki ba a ɗaukaka ƙara kan hukuncin da aka yi da yardar juna sai da izinin kotu. Don haka bai kamata ɗan kasuwa ya sa hannu don jin nauyin manya kawai ba.

Sulhun bai ɗaure wanda ba ya cikin ƙarar ba. Idan mai kwaikwayo na uku ya ɓullo daga Jibiya ko Mai'aduwa, sai an shigar da sabuwar ƙara.