Karayar ƙashin ƙugu: yadda ake ba ta lamba a fayil ɗin asibiti

Jama'a duk wanda ya taɓa ganin takardar asibiti ɗauke da wani abu kamar S32.010A, to ba kurum aka watsa haruffa ba, kowanne da aikinsa. Tsarin ba wa cututtuka da raunuka lamba ne mai suna ICD-10 na Hukumar Lafiya ta Duniya, Amurka kuma ta faɗaɗa nata ta kira shi ICD-10-CM, ta fara aiki da shi ranar 1 ga Oktoba 2015, kuma da shi kamfanonin inshora suke duba ko za su biya kuɗin magani ko su dawo da takarda.

Ƙasusuwan ƙugu, wato na ƙasan gadon baya, guda 5 ne, L1 zuwa L5, karayarsu duk tana ƙarƙashin S32.0. Lambar da ke biye ita ke faɗin wane ƙashi ne, 1 na L1, har 5 na L5. Ta gaba kuma irin karayar ce: 0 in ƙashin ya lotse ta gaba, 1 in ya fashe amma yana zaune daram, 2 in ya fashe kuma yana iya gocewa, 9 in likita bai faɗa ba.

To harafin ƙarshe nan ne fa ake yawan tafka kuskure. Mutane suna ɗauka A na nufin zuwan farko, D zuwa na biyu, ba haka dokar ta ce ba sam. A yana nan matuƙar ana kan ainihin maganin karayar, ko an sauya likita, ko an tura mutum wani asibitin a yi masa tiyata, A ɗin ce dai. Sai an gama wannan an koma bibiyar warkewa, ana ɗaukar hoto a ga ko ƙashi na haɗewa, sannan D ta shigo. In warkewar ta yi jinkiri G, in ƙashin ya ƙi haɗewa K, in kuma karayar ta warke ta bar wa mutum wata larura kamar ciwon da ya ƙi tafiya sai a sa S. B kuwa ta karayar da ke da buɗaɗɗen rauni ce, in likita bai rubuta ko buɗaɗɗiya ce ko rufaffiya ba, rufaffiya ake ɗaukarta.

Abin da ya fi damuna ni shi ne na tsofaffi. Ɗauki dattijuwa wadda an san tana da zaizayewar ƙashi, ta zo zama santsi ya ɗan ɗebe ta ta zauna daɓas, ƙashin L1 ya lotse. Wannan faɗuwar ba za ta karya lafiyayyen ƙashi ba, saboda haka doka ta ce ba S32 za a ba ta ba, M80 ce tata, wato karayar da cutar ta jawo. In aka sa mata S32 kamar wadda ta faɗo daga bene, fayil ya nuna hatsari kawai, cutar da ke cin ƙashin ta ɓace a lissafi, alhali ita ce za ta iya sake karya ta gobe. Haka in cutar kansa, wato ciwon daji, ce ta ci ƙashin, M84.5 ake nufa.

Sannan in lakar baya ko jijiyoyinta sun taɓu, lambar S34 ake fara rubutawa kafin ta karayar, a ƙara da lambar sanadi, W in faɗuwa ce, V in hatsarin abin hawa ne.

Mai saka lamba ba shi da hurumin yin hasashe, abin da likita ya rubuta shi zai bi, in rubutun bai fito fili ba sai ya koma ya tambaya. Don Allah likitoci ku dinga rubuta wane ƙashi, wace irin karaya, da abin da ya jawo ta, don "karayar ƙashin ƙugu" kawai S32.009A take haifarwa, kuma irin wannan lambar mara bayani tana iya sa inshora ta tsaya neman ƙarin takardu mara lafiya na kwance yana jira.