Zama da likitan damuwa: tambayoyin da ake yi a Zamfara

Shekarun tashin hankalin da Zamfara ta shiga sun bar raunukan da hoton asibiti ba ya nunawa. Akwai wanda ya kuɓuta daga hannun 'yan bindiga tun bara, amma ƙarar babur kaɗai tana sa shi gumi. Akwai uwar da ta baro ƙauye ta koma Gusau ko Anka, har yau barci bai zauna mata ba. Idan aka ce musu su je su ga likitan ƙwaƙwalwa ko masanin halayyar ɗan Adam a tattauna, sai tambayoyi su taso. Ga waɗanda aka fi yi.

Wai magana kawai za a yi? Ta yaya magana za ta zama magani?

Magana ce, amma mai tsari. Ana zama kamar minti 45 zuwa awa ɗaya, galibi sau ɗaya a mako, na tsawon makonni ko watanni, kuma kowane zama yana da inda ya dosa. Sigmund Freud ne ya yi suna da wannan hanya a birnin Viyana a ƙarshen ƙarni na 19. Salon da aka fi amfani da shi yau kuwa ya fito ne daga aikin likitan Amurka Aaron Beck a shekarun 1960. Shi ya lura cewa mai ciwon damuwa yana da wasu tunane-tunane da ke faɗo masa ba tare da ya gayyace su ba, ya ɗauke su tamkar gaskiya, su kuma su riƙa juya yadda yake ji da abin da yake aikatawa.

A ɗauki manomin da aka kai wa hari a gona, ya tsira, ƙaninsa bai tsira ba. Kullum zuciyarsa tana ce masa, "Kai ka ja masa, kai ka ce ya biyo ka." Ya daina zuwa majalisa, ya daina cin abinci sosai. Likita ba zai ce masa "daina wannan tunani" ba, don da yana iyawa da tuni ya daina. Zai zauna da shi su bi ranar daki-daki: me ya sani da safiyar nan, me bai sani ba, wa ya riƙe bindiga? Sannan su tsara ƙananan ayyuka tsakanin zama da zama, kamar komawa sallar jam'i ko fita kasuwa na ɗan lokaci. A hankali nauyin yake raguwa.

Kuma wannan ba baƙon ilimi ba ne ga Musulmi. Abu Zaid al-Balkhi, malamin da ya rasu a shekarar 934, ya yi rubutu kan lafiyar jiki da ta rai, ya bambanta baƙin cikin da aka san dalilinsa da wanda ke saukar wa mutum ba gaira ba dalili, ya kuma ba da shawarar a yaƙi mummunan tunani da kyakkyawa.

Ai ba hauka nake yi ba, me zai kai ni?

Mafi yawan masu zuwa irin wannan zama hankalinsu garau yake. Damuwa ce, ko fargaba, ko firgicin da ya ƙi wucewa bayan wata masifa, ko shaye-shayen da ake son bari, ko rashin da aka kasa jurewa.

Muna da malamai da dattawa masu nasiha. Mene ne bambancin?

Nasiha tana da daraja, kuma babu likitan kirki da zai raina ta. Sai dai mai nasiha shi ke magana, kai kana saurare kanka a ƙasa. A ɗakin likita abin juyewa yake yi: kai ne mai yawan magana. Dattijo zai ce maka "ka yi haƙuri", kuma gaskiya ya faɗa. Likita zai tambaye ka me ke hana haƙurin zama, da ƙarfe nawa abin yake taso maka, me kake gani idan ka rufe ido. Sannan akwai abin da ba ka iya gaya wa kawunka ko limamin unguwa, saboda gobe za ku haɗu a wurin suna ko jana'iza. Matar da aka ci zarafinta a daji ta fi kowa sanin wannan.

Me ya sa ake cewa dangantaka tsakanin likita da majinyaci ita ce ginshiƙin aikin?

Wannan ita ce tambayar da na fi so mutane su riƙe. A shekarar 1957 Carl Rogers, masanin halayyar ɗan Adam a Amurka, ya bayyana cewa sauyi ba ya samuwa sai likita ya cika wasu sharuɗɗa: ya fahimci abin daga inda majinyacin yake tsaye, ya karɓe shi ba tare da yanke masa hukunci ba, kuma ya zama mai gaskiya, ba mai fuska biyu ba. A 1979 Edward Bordin, shi ma masanin halayyar ɗan Adam a Amurka, ya ƙara da cewa haɗin kan yana tsayawa ne a kan abu uku: su yarda da inda za a je, su yarda da aikin da za a yi don a isa, sannan a sami aminci a tsakaninsu. Bincike da yawa da aka yi daga baya sun nuna cewa ƙarfin wannan haɗin kai yana tafiya tare da samun sauƙi, ko da wane salo likitan yake bi.

Dalilin a bayyane yake. Aikin yana buƙatar a taɓa wurin da ke ciwo, kamar yadda mai ɗori sai ya kama karayar kafin ya daidaita ta, kuma ba ka miƙa ƙafarka ga wanda ba ka yarda da hannunsa ba. Wanda aka ci amanarsa, musamman a wuraren da maƙwabci ya zama mai kai wa 'yan bindiga rahoto, yarda da mutum ita ce abin da aka fara ƙwace masa. Don haka idan ya shafe zama uku yana kewaye-kewaye, ba ɓata lokaci yake yi ba, gwada likitan yake yi. Likitan da ya san aikinsa ba ya gaggawa, ba ya tilasta a ba da labarin abin da ya faru tun ranar farko.

Idan na faɗi sirrina, ina zai tsaya?

Ƙa'idar aikin ita ce abin da aka faɗa a ɗakin ya tsaya a ɗakin. Ba a gaya wa miji, ko uba, ko maigidan wurin aiki sai da izininka. Amma akwai iyaka, kuma haƙƙinka ne a bayyana maka ita tun zaman farko: idan ranka ko ran wani yana cikin haɗari, ko ana cutar da yaro, ko kotu ta nema, likita zai iya sanar da wanda ya dace. A gari irin Talatar Mafara ko Ƙauran Namoda inda kowa ya san kowa, babu laifi ka tambaya kai tsaye: "Likita, wa ke ganin fayil ɗina?" Idan likitan ɗan'uwanka ne ko surukinka, ka nemi wani. Dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Janairun 2023, wadda ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958, ta tanadi kare mutunci da haƙƙin masu wannan lalura.

Idan ban gamsu da likitan ba fa? Ina jin nauyin faɗa masa.

Nan ne tarbiyyarmu ta kawaici take iya cutar da mu. An saba idan babba ya yi magana a ce "to", a fita, a ƙi dawowa. Likita ya tambaya, "Baba, yaya jikin?" a ce "da sauƙi", alhali daren jiya ba a runtsa ba. Wannan "da sauƙi" ta ladabi tana ɓatar da likita. Idan ya faɗi abin da ya ɓata maka rai, ko ka ga bai fahimce ka ba, faɗa masa yana cikin aikin, kuma sau da yawa gyaran irin wannan saɓani shi ke ƙara ƙarfafa amincin. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. In kuwa an yi zama da dama ba ka ji an saurare ka ba, kana da damar sauya likita.

Zai iya zama abokina? In kai masa kyauta, ko in gayyace shi biki?

Godiya halinmu ce, kuma wanda ya sami sauƙi yakan so ya kai ko da zabi biyu ne. Amma dangantakar tana da shinge, kuma shingen don kare majinyaci aka yi shi. Likita ba ya shiga kasuwanci da wanda yake dubawa, ba ya karɓar rance a hannunsa, ba ya kawo masa nasa matsalolin. Neman aure ko soyayya kuwa cin amana ne ƙarara, ko da majinyaciyar ce ta fara nuna so. Yakan faru mutum ya ji ya shaƙu da likita sosai, ko ya riƙa ganinsa kamar mahaifinsa, ko ya ji haushinsa ba dalili. Tun zamanin Freud aka san haka: abin da ke zuciya game da wasu mutanen rayuwarka ne yake sauka a kan wanda ke saurarenka. Ba abin kunya ba ne, abin tattaunawa ne. Nauyin tsare iyaka yana wuyan likita.

Matar aure fa?

Tana da damar neman mace ta duba ta idan akwai, ko ta zo da wadda ta yarda da ita. Ina roƙon mazaje su bari wani ɓangare na zaman ya zama nata ita kaɗai. Ba raini ba ne, akwai maganar da kunya ba ta bari ta fito a gaban miji.

Sai na bar addu'a da ruƙiyya? Ƙwayoyin asibiti kuma fa?

A'a. Tun 1954 Farfesa Thomas Adeoye Lambo, likitan ƙwaƙwalwa ɗan Najeriya, ya fara tsari a Aro, kusa da Abeokuta, inda marasa lafiya ke zama a ƙauyuka tare da danginsu, har ya yi aiki tare da masu maganin gargajiya. Imanin mutum ƙarfi ne da likita mai hankali yake jingina da shi. Abin da ba za a amince da shi ba shi ne ɗaure mutum da mari, ko duka, ko hana shi maganin asibiti. Game da ƙwayoyi, likitan ƙwaƙwalwa ne ke rubuta su. Damuwa mai tsanani takan buƙaci magani da tattaunawa tare, kuma maganin yakan ɗauki makonni kafin a ga aikinsa. Wanda yake jin muryoyi, ko ya rikice, ko yake maganar kashe kansa, a kai shi asibiti a ranar, kada a jira.

Ina za a sami wannan a jihar da likitoci suka yi ƙaranci?

Ƙarancin gaskiya ne: likitocin ƙwaƙwalwa a duk Najeriya 'yan ɗaruruwa ne, ga jama'a sama da miliyan 200. Ana iya farawa da Cibiyar Lafiya ta Tarayya ko Asibitin Yariman Bakura a Gusau a nemi a tura mutum wurin da ya dace, sannan akwai asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kware, jihar Sakkwato.

Amma ba lallai sai babban likita ba. A Zimbabuwe, likita Dixon Chibanda ya horar da tsofaffin mata su riƙa zama da masu damuwa a kan benci a harabar asibiti, zama shida, kuma binciken da aka wallafa a 2016 ya nuna an sami sauƙi sosai. A karkarar Fakistan ma'aikatan lafiya mata sun yi irin haka da masu ciki da masu jego. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da tsari na zama biyar da ake koya wa waɗanda ba likitoci ba. Ungozomominmu, da ma'aikatan ƙananan asibitoci, da malaman Islamiyya mata a Anka, Shinkafi, Zurmi da Tsafe za su iya wannan aiki idan gwamnatin jiha ta horar da su, ta sa ƙwararru su riƙa duba aikinsu, ta kuma biya su.