"Ai ba ya dukanta": waiwaye kan danniyar cikin gida a Zango

Kwanan baya a wajen wani suna a Aboabo, unguwar Zango a Kumasi ta ƙasar Ghana, naji mata suna zancen wata 'yar'uwarmu da ta kwashe kayanta ta koma gidan yayanta, sai wata hajiya ta aje kwanon abinci tace "to me ya mata ne? ai ba ya dukanta". Kuma gaskiya ne bai taɓa ɗaga mata hannu ba. Amma layin MoMo ɗinta, wato na karɓar kuɗi ta waya, da sunansa aka yi rijista, ita ke tashi ƙarfe uku na dare ta ɗora shinkafa da wake ta fita bakin titi ta saida, kuɗin ya faɗa wayarsa, in tana son sabulu sai ta roƙa. Gidan mamanta a Asawase ne, tafiyar ƙafa, amma sai tayi wata shida bata taka ba saboda yace danginta ke zuga ta. Maganar hajiyar nan ce ta tsaya min a rai har na zauna rubuta wannan.

Ku lura da wani abu a bakinmu. In mace ce ke juya mijinta muna da suna tsaf, ta mallake shi, an yi masa asiri, dangi su tashi tsaye a nemi malami. In namiji ne ya yanke matarsa daga kowa, ya riƙe kuɗinta da wayarta da ƙafarta, sai muce yana da kishi, ko yana da zafi, ko ma yana ji da ita ne. Shi yasa in irin wannan mata taje kai ƙara ta kan rasa ta inda zata fara, don ba tabo a jikinta.

Toh a ƙasar Hausa inda kakanninmu suka fito, mace tana da ƙofofin fita ko da ba masu faɗi bane. Akwai yaji, ta tafi gidan ubanta miji ya bi da biko ya sha faɗa, akwai kuma alƙali da zai iya raba auren in cutarwa ta tabbata. Fataucin goro ne ya kawo mutanenmu nan, da yawa ta garin Salaga a arewacin Ghana, bayan yaƙin basasar garin a 1892 suka watsu zuwa Kumasi da Akara da sauran zangunan kudu. Ita kuwa matar da aka ɗauko daga nesa ina zata yi yaji? Gidan ubanta tafiyar wata da watanni ne. Kuma har yau Ghana ba ta da kotun alƙali mai ƙarfin gwamnati irin ta Kano ko Sakkwato, abinda muka dogara dashi shine zauren sarkin Zango da liman da maigidan da ya sauki baƙo. Turawa sun kawo dokar auren musulmi a 1907 wadda tace a yi rijistar aure cikin sati ɗaya, kuje ku tambayi iyayenku mutum nawa suka yi, mafi yawan aurenmu a masallaci ya fara a nan ya tsaya, ranar da rigima ta kai gaban hukuma mace ce ke shan wuyar rashin takarda. Sannan a ƙarshen 1969 gwamnatin Busia ta ba baƙin da ba su da takardu sati biyu su bar ƙasa, gidaje suka tarwatse, mata da dama suka wayi gari yayyensu da kawunnansu duk sun haye Najeriya da Nijar, ba mai tsaya musu.

Abin da ya riƙa ceton matan Zango abu biyu ne a ganina. Na farko gidan haya, ɗaki na jikin ɗaki, in an yi kuka maƙota sun ji. Na biyu sana'a, kulle bai taɓa yin ƙarfi a nan kamar arewa ba, iyayenmu mata sun saida koko da ƙosai da tuwo da atamfa, sun yi adashi, suna da kuɗin kansu a ƙugu. Shi yasa duk mai son danne mace a Zango daga nan yake farawa, ya hana ta kasuwa ko ya karɓe cinikin, ya raba ta da ƙawayen adashi, ya kama ɗaki can bayan gari inda ba wanda ya santa.

Ita ma dokar ƙasa ba ta taimaka ba da farko. A da, dokar laifuka ta 1960 tana da wani sashe, 42(g), da ke nufin yardar da mace ta bayar ranar aure ba ta janyuwa sai in an rabu, wato miji ba ya laifi a shimfiɗa ko da ƙarfi ne. In mace taje caji ofis sai a ce mata maganar gida ce kuje ku shirya. Sai a 1998 'yan sanda suka buɗe sashen mata da yara a Akara, WAJU, wanda daga baya ya koma DOVVSU da muka sani yanzu, sashen kula da cin zarafin cikin gida. A 1999 ƙungiyar Gender Centre ta fitar da binciken da ya nuna mace ɗaya cikin uku ta taɓa shan duka, a shekarar ne kuma Ark Foundation ta buɗe gidan fakewa na farko ga matan da suka gudo. Lokacin ne ake ta tsintar gawarwakin mata a Akara wajen Mataheko da Dansoman, sama da 30, mata suka fito titi cikin jan kaya da baƙi, kuma da shugaba Kufuor ya hau mulki a 2001 ya kafa ma'aikatar mata da yara.

Dokar hana cin zarafin cikin gida kanta ta sha jan ƙafa, shekaru ana gardama, ana cewa abin Turawa ne, zai kashe aure, zai sa mata su raina maza, kuma wlh a masallatanmu da majalisunmu na shayi ma an faɗi haka. Hajiya Alima Mahama ce ministar mata lokacin da majalisa ta amince da ita a 2007, Act 732. Abin da mutanenmu da yawa ba su sani ba har yau shine dokar nan ba duka kaɗai ta hana ba. Ta ambaci cutarwa ta kuɗi, kamar hana mutum abin da yake da haƙƙi a kai ko lalata masa dukiya, ta ambaci zagi da wulaƙanci da tsoratarwa da duk abin da zai sa mutum ya zauna kullum cikin baƙin ciki da fargaba. Kuma ba miji da mata kaɗai ba, har 'yar aiki da yaron riƙo da tsohuwar da 'ya'ya suka danne, da namijin da matarsa ke gallaza wa. Kotu na iya ba da odar kariya a hana mai cutarwa kusantar mutum, hukuncin kuma tara ko ɗaurin da bai wuce shekara 2 ba ko duka biyun. Amma ƙa'idojin aiki da dokar sai 2016 suka fito, shekara tara ana jira.

A shekarar 2007 ɗin nan dai wani malami a Amurka, Evan Stark, ya fito da bayanin cewa kirga mari da naushi ba ya nuna girman abin, ainihin cutar ita ce tsare mutum a hankali har ya rasa ikon kansa. Ingila ta mai da irin wannan takura laifi mai zaman kansa a ƙarshen 2015, ɗauri har shekara 5, Sikotland ta bi a 2019. Wannan ya shafe mu kai tsaye, don 'yan matanmu nawa aka aurar zuwa Landan da Jamus da Bronx ta Amurka, muna murna an tafi waje, can kuma miji ya kulle fasfo a akwati yace in kin yi magana zan sa a maida ke gida.

Binciken lafiya na ƙasa na 2022 ya nuna kusan mace biyu cikin biyar da suka taɓa aure ko soyayya sun ga wani nau'in cutarwa, kuma ta baki da ta zuciya ta fi ta duka yawa. Yanzu ga waya ta ƙara wa abin ƙafa, bani fasuwod ɗinki, turo min inda kike, waye ya miki like, kiran bidiyo sau goma kina wajen biki don a ga waye a gefenki. Tun ana saurayi da budurwa ake farawa kuma yarinya ta ɗauka so ne. Wasu har barazanar watsa hotunan tsiraici suke yi, wanda dokar intanet ta 2020 ta mai da laifi.

Abin da ya fi ci min rai shine duk wannan ba baƙon abu bane a addininmu. A Suratul Baƙara aya ta 231 Allah ya hana a riƙe mata don a cutar dasu. Matar Sabit ɗan Ƙais ta je wajen Annabi (SAW) bata kawo ƙarar duka ba, ta ce ba zata iya zama dashi ba, ta maida gonar sadaki aka raba. Mazhabar Malikiyya da muke bi ta ba alƙali damar raba aure saboda cutarwa. Amma in an zauna sulhu a zaure tambaya biyu ce, yana dukanki? yana baki kuɗin cefane? In ta ce a'a ta ce e, shikenan, yi haƙuri 'yata ki koma ɗakinki. Ban taɓa jin an tambaya wa ke riƙe da wayarki ba, ko yaushe rabonki da gidanku, ko kina jin tsoro in kin ji ƙarar babur ɗinsa a ƙofa.

Ita 'yar'uwar tamu an yi zama biyu a kanta, duka biyun an ce ta koma. Yayanta ne ya ƙi, ya ɗauke ta da katin shaidarta na ɗan ƙasa suka je Adum a tsakiyar Kumasi aka buɗe mata sabon layi da sunanta, ta ci gaba da saida shinkafa da wake a wata kwanar daban. Takardar saki dai har yanzu mijin yace ba zai rubuta ba.