Lambar cutar faya a cikin tagwaye: amsoshin tambayoyin wata ƙanwata

Wata ƙanwata da ta fara koyon aikin rajistar dosiye, wato takardun marasa lafiya, a wani asibiti nan Garuwa ta turo mun tambayoyi a WhatsApp, an kawo mata dosiyen wata mata mai cikin tagwaye sati 12, likita ya rubuta koriyo-amniyotit, ita kuma ta bincika a intanet ta ga lambobi kala-kala kanta ya ɗaure. Na ce bari in amsa mata a nan ko wani ma zai amfana.

Yaya, wai mece ce cutar tukunna?

Kin san fayar da jariri ke kwance a ciki, wadda in ta fashe ake cewa haihuwa ta zo? Fata biyu ce, ta ciki amniyos, ta waje koriyon. To ƙwayoyin cuta ne ke hawowa daga gaban mace su shiga mahaifa su kama fatun nan da ruwan da ke ciki. Mace za ta yi zazzaɓi, mara na ciwo in an taɓa, zuciya na bugu da sauri, wani lokaci ruwa mai wari na fita. An fi ganinta a tsohon ciki in faya ta fashe aka daɗe ba a haihu ba. A ƙaramin ciki ba ta cika faruwa ba, shi ya sa in kin gani a dosiyen sati 12 ki karanta sau biyu.

Wace lamba zan sa?

Ya danganta da littafin lambobin cututtuka da ke kan teburinki. Na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda mu nan muke kira CIM-10, an amince da shi a 1990, lambarsa gajera ce: O41.1 ita ce cutar faya da fatunta, O30.0 kuma cikin tagwaye. Shike nan, ki rubuta duka biyun. Akwai CIM-11 da ta fara aiki a Janairun 2022, amma ki bi wanda asibitinku ke aiki da shi, kar ki canza da kanki.

To waɗannan dogayen da na gani, irin O41.1211 fa?

Wannan na Amurka ne, ICD-10-CM, tun 1 ga Oktoba 2015 suke aiki da shi, su sun ƙara wa lambar jela saboda kamfanonin inshora ba sa biya sai sun ga komai dalla-dalla. Ki karanta ta kamar lambar mota: O41.1 cutar faya, 2 ɗin da ke biye na nufin koriyo-amniyotit ce takamaimai, 1 na gaba watanni ukun farko, na ƙarshen kuma shi ke faɗin wane jariri. O41.1211 jariri na ɗaya, O41.1212 na biyu. In duka biyun ta kama sai a sa lambobin biyu. In likita bai faɗi wanne ba, ko ba yadda za a gane, sai 0 a ƙarshe, O41.1210. Kuma in kin sa 1 ko 2 dole lambar tagwaye ta raka ta, sannan a ƙara ta sati, Z3A.12 ga mai sati 12.

Ina so ki san wannan don watarana za ki iya aiki da ƙungiyar da ke amfani da shi, amma don Allah kar ki kwafo ta daga waya ki zuba a rajistar da aka tsara da CIM-10, mai haɗa rahoton wata zai rasa inda zai sa ta.

Ina watanni ukun farko suke ƙarewa?

A tsarin Amurkan, ƙasa da sati 14 cif, ana ƙirga daga ranar farko ta al'adar ƙarshe. Sati 13 da kwana 6 yana ciki, sati 14 ya tsallaka, lambar ta koma O41.122. Matan mu yawanci da wata suke ƙirga, "tun bayan ƙaramar salla ban gani ba", don haka kar ki ɗauki lissafin baki, ki buɗe karnen awo, wato littafin awon ciki, ko takardar ekografi, wato hoton ciki.

Me ya sa ake damuwa da wane jariri, ba ciki ɗaya ba ne?

Ciki ɗaya ne amma ba lallai ɗaki ɗaya ba. Wasu tagwayen kowa da fayarsa da mabiyiyarsa, lambarsu a farkon ciki O30.041. Wasu mabiyiya ɗaya faya biyu, O30.031. Wasu kuma komai ɗaya, O30.011, su ne mafi hatsari. In faya biyu ce cuta na iya kama ɗaya, galibi wadda ke ƙasa kusa da bakin mahaifa tunda ta nan ƙwayoyin ke hawowa, ɗayar kuma tana lafiya a lokacin. Kuma a farkon cikin ne ekografi ya fi nuna wane iri ne, in ciki ya tsufa da wuya a bambance. Wannan ne ke ba ni takaici wallahi, mace tana da chèque santé na sefa 6,000 a hannu, takardar da ke ɗauke mata kuɗin awo da haihuwa, amma ba za ta zo awo ba sai wata shida.

In na ga zazzaɓi da magungunan kashe ƙwayoyin cuta irin ampisilin da jentamisin a dosiye amma likita bai rubuta sunan cutar ba, in sa O41.1?

A'a ƙanwata, ko kusa. Ke ba ki gano cuta, abin da likita ya rubuta shi kike mayarwa lamba. Mace mai ciki da zazzaɓi a Garuwa da damina, ai maleriya ce farkon abin zargi, ita kuma gidanta daban, O98.6, ciwon fitsari ma nasa daban, O23. Ni na taɓa yin wannan gangancin ina sabon shiga, na ga allurai na yanke hukunci, ashe ciwon ƙoda ne daga fitsari, sai da aka dawo da rahoton watan gaba ɗaya. Ki ɗauki dosiyen ki je ki same shi, "Dokta, a gafarce ni, me zan rubuta a nan, kuma wane jariri ne?" Minti biyu ne.

In cikin ya zube fa?

To labari ya canza. Ɓarin da ya zo da cuta a mahaifa yana ƙarƙashin O03: O03.0 in akwai saura a ciki, O03.5 in ya fita duka. In kuma ɗaya ne ya zube ɗayan na nan da rai, akwai O31.1, ki nuna wa likita ya tabbatar kafin ki sa. Sai abu ɗaya, za ki ci karo da P02.7 mai irin wannan sunan, wannan ta jaririn da aka haifa ce, a dosiyensa take zama, duk lambar da ta fara da O ta uwa ce. Ki turo mun hoton shafin ekografin, ki rufe sunan matar da takarda, in duba miki faya nawa ce.