Mai Binciken Tsofaffin Hotunan Fim

Mai binciken tsofaffin hotuna shi ne ma'aikacin da ke nemo wa masu shirya fim hotuna masu motsi da aka ɗauka a baya, ya tabbatar da asalinsu, sannan ya samo izinin amfani da su. An fi buƙatarsa a fina-finan tarihi da shirye-shiryen talabijin masu ba da labarin abin da ya faru da gaske. Cikin waɗanda suka share fagen sana'ar akwai Esfir Shub ta Tarayyar Sobiyet, wadda a 1927 ta haɗa fim sukutum kan faɗuwar gidan sarautar Romanov na Rasha daga tsofaffin hotunan da ta tono a rumbunan ajiya.

Aikin yakan fara da karanta labarin fim tare da darakta, daga nan sai a nufi ma'adanai irin su gidan tarihin yaƙi na Imperial da ke Landan, da cibiyar adana shirye-shiryen rediyo da talabijin ta INA da Faransa ta buɗe a 1975, da ma'ajiyar tarihi ta ƙasar Amurka. Kamfanin British Pathé ya ɗora kimanin hotuna 85,000 a YouTube a 2014, amma abin da ke intanet kaɗan ne a kan abin da ke jibge cikin gwangwanayen ajiye fim, wasu ma rubutun da ke jikinsu ya saɓa da abin da ke ciki. Fim ɗin da aka yi da sinadarin naitiret, wanda aka daina a farkon shekarun 1950, yana kama wuta cikin sauƙi, shi ya sa ba kowa ake bari ya taɓa shi ba. Irin fim ɗin da ya gaje shi kuwa, idan ya fara lalacewa, wani warin tsami yake fitarwa da zarar an buɗe murfin.

Samo hoto ba shi ne mai wuya ba, tantance shi ne aikin. Shahararren misali shi ne fim ɗin yaƙin Somme na 1916, fafatawar da aka yi a Faransa lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, inda wurin da aka ga sojojin Ingila suna fitowa daga ramuka domin kai farmaki ya kasance shiri ne da aka ɗauka nesa da fagen daga, amma aka shafe shekaru ana nuna shi a matsayin ainihin yaƙi. Don haka ƙwararren mai bincike yakan ƙura wa hoto ido ya duba kakin soja, da lambar mota, da rubutun da ke jikin shaguna, kafin ya yarda da shekarar da aka rubuta masa.

Sai batun haƙƙin mallaka, wanda ke cinye kaso mai tsoka na kuɗin fim. Galibi da daƙiƙa ake yanka farashi, kuma kuɗin na ƙaruwa gwargwadon yawan ƙasashen da za a nuna fim ɗin da tsawon wa'adin lasisi. Ma'adana takan fara ba edita kwafi mai ɗauke da lambobin lokaci a fuskarsa, sai an biya ake sakin mai tsabta. Hotunan da gwamnatin tarayyar Amurka ta ɗauka ba su da wannan ƙaidi, abin da ya sa ake yawan ganin na hukumar binciken sararin samaniya ta NASA. Mai shirya fim kan tarihin Najeriya kuwa, idan yana son hawan dabar da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956 ko bikin 'yancin kai na 1960, sau da yawa sai ya nemi lasisi daga kamfanonin Landan.