Shayin la'asar na Ingila da littattafansa: tambayoyi da amsoshi

Mene ne shayin la'asar ɗin nan da har ake rubuta masa littattafai?

Abinci ne mara nauyi da Turawan Ingila ke ci tsakanin ƙarfe 3 da 5 na yamma. Ana kawo butar shayi, madara da sukari kowanne a mazubinsa, sai wani faranti mai hawa uku. A hawan ƙasa akwai ƙananan sanwic da aka yanke musu gefen burodi, cikinsu kokwamba ko ƙwai ko kyafaffen kifi. A tsakiya akwai sikon, wani gasasshen curin fulawa da ake tsagawa biyu a shafa masa jam da kirim. A sama kuma kek iri-iri. Daga ƙasa ake fara ci a yi sama, mai gishiri kafin mai zaƙi. Shi ya sa idan ka buɗe irin waɗannan littattafai za ka tarar shayin kansa bai ci shafuka da yawa ba, gashi da toye-toye ne suka cinye sauran.

Wa ya fara wannan al'ada?

Kusan kowane littafi da labari ɗaya yake buɗewa: Anna Maria Russell, uwargidan mai sarautar Bedford kuma aminiyar Sarauniya Victoria. A wajajen 1840 manyan gidaje ba sa cin abincin dare sai ƙarfe 8 ko bayan haka, ita kuwa yunwa takan kama ta da la'asar. Sai ta riƙa sa a kawo mata shayi da burodi da bota da kek a ɗakinta, daga baya ta fara gayyatar ƙawaye. A ganina ana ba ta fiye da haƙƙinta, domin ta tarar ana shan shayi. Abin da ta yi shi ne ta mai da shi abin yayi.

Ganyen ya riga ta isa Ingila da shekaru kusan 200. Samuel Pepys, wani ma'aikacin gwamnati a Landan, ya rubuta a kundinsa cewa ya sha shayi karo na farko a 1660. Catherine ta Braganza, gimbiyar Fotugal da ta auri Sarki Charles na II a 1662, ita ta sa shan sa ya karɓu a fada. Thomas Twining ya buɗe shagonsa a titin Strand na Landan a 1706. Amma talaka bai samu shayi cikin sauƙi ba sai 1784, da gwamnatin William Pitt ta sauko da harajinsa daga kashi 119 cikin 100 zuwa kashi 12.5, kasuwar 'yan fasa-ƙwauri ta mutu.

Akwai abin da littattafan ke tsallakewa?

Akwai, kuma ba ƙarami ba. Masu hotunan kofunan tangaran da furanni ba su cika faɗin inda ganyen ya fito ba. Daga ƙasar Sin ake sayo shi, Sinawa kuma azurfa suke so a biya su. Don cike giɓin, 'yan kasuwar Birtaniya suka riƙa shigar musu da ƙwayar ofiyom da ake nomawa a Indiya. Da hukumomin Sin suka hana, aka gwabza yaƙi daga 1839 zuwa 1842. Wato a daidai shekarun da uwargidan Bedford ke zuba wa ƙawayenta shayi, jiragen yaƙin ƙasarta na ɓarin wuta a gaɓar tekun Sin.

A 1848 kamfanin East India na 'yan kasuwar Birtaniya ya tura Robert Fortune, masanin tsirrai ɗan Sikotiland, ya shiga cikin Sin da shigar Sinawa, ya kwaso iri da tsirran shayi zuwa Indiya. Kafin nan, a 1839, an riga an yi gwanjon shayin Assam na farko a Landan. Sukarin da ake jefawa a kofin kuwa, shekara da shekaru daga gonakin rake na Karebiyan yake zuwa, inda bayin da aka kwasa daga Afirka ke aikin. Littafin da ya ba da ko da babi ɗaya ga wannan ya fi mini wanda ya cika shafi goma da yadda ake riƙe cokali.

Su kuma ɗakunan shan shayi, me ya sa ake ji da su?

Saboda mata. A zamanin Victoria mace mai mutunci ba ta shiga mashaya, kuma cin abinci a waje ba tare da namiji ba abin magana ne. Ɗakin shayi ya buɗe musu ƙofa: ba giya, ba tsada, mace ta zauna ita kaɗai ko da ƙawarta. Kamfanin burodi na ABC ya fara sayar da shayi a shagonsa na Landan a 1864, Lyons ya buɗe nasa na farko a Piccadilly a 1894. A Gilasgo, Kate Cranston ta buɗe Willow Tea Rooms a 1903, Charles Rennie Mackintosh ya zana mata ginin har da kujeru. Bettys na garin Harrogate, wanda wani ɗan Suwizalan, Frederick Belmont, ya kafa a 1919, yana nan har yau. Masu fafutukar neman wa mata 'yancin zaɓe sun sha yin taro a irin waɗannan wurare. Mu a nan bencin mai shayi na maza ne, can kuwa mata ne suka ci moriyar abin.

Shayin la'asar ne ake kira high tea?

A'a, kodayake otal-otal da yawa na haɗa su. Shi high tea abincin ma'aikata ne bayan tashi daga masana'anta, wajen ƙarfe 6, da nama ko kifi da burodi da shayi mai kauri.

Waɗanne rubuce-rubuce ne suka fi shahara?

Mafi tsufa na Lu Yu ne, wanda ya rubuta Cha Jing a Sin wajajen shekara ta 760, zamanin daular Tang. Har ruwa ya jera wa daraja: na maɓuɓɓugar dutse a gaba, sai na kogi, na rijiya a ƙarshe. Okakura Kakuzo ɗan Japan ya fitar da The Book of Tea a 1906, da Turanci, don ya nuna wa mutanen Yamma falsafar da ke cikin bikin shayin ƙasarsu. A ɓangaren girki, littafin kula da gida na Isabella Beeton na 1861 ya kawo kek ɗin da ake kira da sunan Victoria, kuma awonsa ba ya ɓata: a auna ƙwai huɗu, a sa bota da sukari da fulawa kowanne daidai nauyin ƙwan.

Madara ake fara zubawa ko shayi?

Gardama ce da ba ta ƙarewa. Marubuci George Orwell ya rubuta maƙala a jaridar Evening Standard a Janairun 1946, lokacin da gwamnati ke rabon ganyen shayi da awo, ya jera ƙa'idoji 11. Ya ce shayi ne farko, don mutum ya ga iyakar madarar da yake so. Ya ce a ɗumama butar, ruwan ya kasance yana tafasa sa'ad da ya taɓa ganyen, kuma kada a sa sukari. Wannan ta ƙarshen dai ba da mu ba. Haka ake ja-in-ja kan sikon: mutanen yankin Devon na Ingila kirim suke fara shafawa sannan jam, maƙwabtansu na Cornwall kuma jam tukuna.

Zan iya gwada girkin a gida?

Sosai, in dai littafin da giram yake awo, ba da kofi ba, kuma kina da ɗan sikeli. Ga sikon: fulawa giram 225, bekin foda ƙaramin cokali 3, bota giram 55, sukari giram 25, madara mililita 150, gishiri kaɗan. Ki murje botar cikin fulawa da yatsu har ta yi kamar gari, ki zuba madara ki haɗa sama-sama. Kada ki yi ta murzawa kamar ƙullin burodi, zai yi tauri. Ki baza shi da kaurin santimita 2, ki yanka da bakin kofi, ki gasa minti 12 zuwa 15 a obin mai zafin digiri 220 na ma'aunin Salshiyos. Da zafin ƙasarmu bota kan narke tun kafin a gama, don haka daga firji za ki ɗauko ta kai tsaye. Kirim mai kauri irin na Cornwall, wanda maiƙonsa ba ya gaza kashi 55 cikin 100, da wuya a same shi a kasuwanninmu, amma bota da jam ko zuma sun wadatar.